Microsoft Store Ya Ƙi Aiki a Laftof: Tambayoyi da Amsoshi

Duk wanda ya kai laftof wurin mai gyara don shagon manhajoji ya daina aiki, yawanci amsa ɗaya yake samu: sai an yi mata fomat. Sau da yawa kuwa abin bai kai haka ba. Microsoft Store kamar mai jiran kanti ne, kayan suna can sito, wasu ne ke ɗauko masa. Agogon kwamfuta, hanyar intanet, sashen sabunta Windows, sararin da ya rage a ma'ajiya da asusun mai kwamfutar, idan ɗaya ya samu tangarɗa, a fuskar shagon ake ganin ta. Amsoshin nan na Windows 10 da Windows 11 ne. Sunayen maɓallai mun bar su yadda suke fitowa a allo.

Ina danna shagon sai ya buɗe ya rufe nan take, ko ya tsaya yana ta juyi. Da me zan fara?

Fara da Restart. Shut down ba zai wadatar ba, domin Windows na da wani tsari mai suna Fast Startup da ke ajiye wani ɓangare na abin da ke gudana a cikin fayil, ya dawo da shi idan an kunna. Abin da ya maƙale jiya zai iya tashi a maƙale yau. Restart ne ke sauke komai ya ɗora sabo.

Idan bai yi ba, riƙe maɓallin Windows ka latsa R, ka rubuta wsreset.exe, ka latsa Enter. Wata baƙar taga za ta fito babu rubutu ko ɗaya a cikinta. Kada ka rufe ta. A kwamfuta mai sauri daƙiƙa goma zuwa ashirin ta isa, a tsohuwa mai faifai mai juyawa tana iya kai minti ɗaya ko biyu. Da kanta za ta ɓace, shagon ya buɗe. Abin da umarnin ke yi shi ne share tarkacen wucin gadi da shagon ya tara. Ba ya taɓa manhajojin da ka riga ka sauke, ba ya fitar da kai daga asusunka.

An ce in duba agogo. Me ya haɗa agogo da sauke manhaja?

Kafin shagon ya karɓi komai daga manyan kwamfutocin Microsoft, sai ya duba takardar shaidarsu ta tsaro. Kowace takarda tana da ranar fara aiki da ranar ƙarewa. Idan laftof ɗinka tana ganin yau shekarar 2015 ce, a wurinta takardar ba ta ma fara aiki ba, sai ta ƙi yarda da haɗin. Lambar da aka fi gani a nan ita ce 0x80072F8F.

Shiga Settings, Time & language, Date & time. Kunna Set time automatically, ka latsa Sync now. Sannan ka duba Time zone da kyau, domin nan ne mutane ke faɗawa. Windows ɗin da aka ɗora da Turancin Amurka yakan zo a kan Pacific Time. Mai kwamfuta ya ga agogo ba daidai ba, sai ya gyara awa da hannu ya bar yankin yadda yake. A kusurwar allo ƙarfe huɗu ne daidai da agogon hannunsa, amma a lissafin cikin kwamfutar ta kauce da awa takwas ko tara, kuma wannan kan iya hana shiga asusu. Wanda ke Najeriya, Nijar, Kamaru ko Chadi ya zaɓi West Central Africa, wato UTC+01:00. Na Ghana ya zaɓi wanda ke kan UTC+00:00 mai suna Monrovia, Reykjavik. Na Sudan ya zaɓi Khartoum.

Idan kullum ka kunna sai ka tarar kwanan wata ya koma baya, matsalar ta ƙarfe ce. Akwai ɗan batir mai kama da kwabo a jikin babban allon kwamfutar, yawanci CR2032 mai bolt 3, a laftof galibi an naɗe shi da baƙar ko ruwan ɗorawar roba, da 'yan wayoyi biyu da ɗan kai. Shi ke riƙe agogo idan an kashe. Ya mutu, sai a canza shi. Wasu sababbin laftof ba su da shi, da babban batir suke riƙe agogo. Irin waɗannan idan babban batirin ya mutu ana amfani da su kai tsaye da wutar NEPA ko janareto, duk sanda wuta ta ɗauke agogo ya rikice ke nan.

Intanet yana aiki a burauza, amma shagon ya ce in duba haɗina.

Da farko ka tabbatar datar da ka saya ta gama-gari ce. Irin ta WhatsApp da Facebook kaɗai ba za ta kai ka shagon ba. Haka Wi-Fi na otal ko makaranta da ke buƙatar a shigar da kalmar sirri a wani shafi tukuna. Gwaji mafi sauƙi shi ne ka haɗa laftof da hotspot na wata waya mai layin wani kamfani. Idan shagon ya buɗe, laifin na hanyar farko ne.

Idan ya ƙi a kowace hanya, abin zargi na farko shi ne proxy, wato saitin da ke sa kwamfutar ta bi ta wani ɗan tsakiya kafin ta kai intanet. Manhajojin VPN da na neman intanet kyauta sukan canza wannan saitin, kuma ko an cire su saitin na nan. Shiga Settings, Network & internet, Proxy. Idan Use a proxy server a kunne yake, musamman da adireshin 127.0.0.1, kashe shi. Windows yana hana manhajoji irin na shagon bi ta wannan adireshi na cikin gida, shi ya sa burauza ke wucewa shagon na tsaye.

Na biyu shi ne TLS, wato tsarin tsaron da ke kulle haɗin kwamfutar da shafukan intanet. Windows da R, rubuta inetcpl.cpl, shiga Advanced, gangara ƙasa can ƙarshe, ka tabbatar akwai alama a Use TLS 1.2. Wannan ne ke yawan maganin lambar 0x80131500.

Har yanzu shiru? Nemi Command Prompt, danna shi da maɓallin dama, zaɓi Run as administrator, ka rubuta waɗannan ɗaya bayan ɗaya:

netsh winhttp reset proxy
netsh winsock reset
ipconfig /flushdns

Sai Restart. Idan lambar da kake gani 0x80072EE7 ce, ma'anarta kwamfutar ta kasa gano adireshin inda za ta. Canza DNS na haɗin, wato mai nemo wa kwamfutar adireshin shafuka, zuwa 8.8.8.8 da 8.8.4.4 na Google, ko 1.1.1.1 na Cloudflare.

Na latsa Get ko Install, ya tsaya a Pending, ko ya ɗan taɓa ya tsaya cak.

Wannan ita ce tambayar da ta fi yawa, kuma amsarta ba ta yi wa masu tattalin data daɗi. Shagon da Windows Update hanya ɗaya suke bi wajen sauke kaya. Mutane da yawa, ko masu gyaran da suka ɗora musu Windows, sukan kashe Windows Update gaba ɗaya don kada ya cinye data. Ranar da aka kashe shi, an kashe shagon tare da shi, sai dai ba a ganewa sai ranar da aka zo neman wata manhaja. Lambar 0x80070422 ba ta da wata ma'ana da ta wuce wannan: an kashe wani shirin bayan fage da ake buƙata.

Windows da R, rubuta services.msc. A cikin jerin, nemi waɗannan: Windows Update, Background Intelligent Transfer Service, Microsoft Store Install Service, Delivery Optimization, da Windows Defender Firewall. Babu wanda ya kamata a ga Disabled a gabansa. Ukun farko Manual ya ishe su, za su tashi idan an neme su. Na ƙarshen yana ba mutane mamaki, amma Windows ba ya yarda ya ɗora irin waɗannan manhajoji idan shirin katangar tsaro a kashe yake, lambarsa kuwa 0x80073D0A. Idan da wata 'yar manhaja aka toshe sabuntawa, da ita za a buɗe, domin wasunsu sukan sake kashewa duk sanda aka kunna kwamfuta.

Mai son tattalin data yana da hanyar da ba ta ɓarna. A saitin Wi-Fi ɗin da yake amfani da shi, ya kunna Metered connection. Windows zai rage sauke manyan kaya da kansa, shagon zai daina sabunta manhajoji a ɓoye, amma abin da ka nema da hannunka zai sauka, wani lokaci bayan ya tambaye ka izini.

Idan duk shirye-shiryen suna lafiya, ka duba ko akwai manhajoji da yawa a layi. Soke su duka, ka sake farawa da guda. Ka kuma leƙa Windows Update, idan yana tsakiyar aiki ko yana jiran Restart, ba shi abin da yake so tukuna.

Saura fayil ɗin da ya sauka rabi ya lalace, abin da ke yawan faruwa idan wuta ko sabis ya yanke ana tsakiyar saukewa. A Command Prompt na administrator:

net stop wuauserv
net stop bits
ren C:\Windows\SoftwareDistribution SoftwareDistribution.old
net start wuauserv
net start bits

Windows zai ƙirƙiri sabuwar folda da kansa. Abin da za ka rasa shi ne abin da aka sauke ba a gama ɗorawa ba, sai an sake sauke shi. Idan ya ƙi canza sunan, ya ce ana amfani da foldar, yi Restart ka cire intanet ka sake gwadawa.

Waɗannan lambobin kuskure, akwai yadda ake karanta su?

Akwai. Yawanci wadda ta fara da 0x80072 batun hanyar intanet ne: 0x80072EFD an kasa haɗuwa, 0x80072EE2 an jira har lokaci ya ƙare. 0x80070070 ma'ajiya ta cika. 0x80070005 an hana izinin shiga wata folda. 0x80073D02 tana nufin manhajar da ake son sabuntawa a buɗe take, rufe ta daga Task Manager ka sake. 0x803F8001 batun lasisi ne, fita daga asusu a cikin shagon ka sake shiga, in ya ƙi ka cire manhajar ka sake ɗorawa. 0x80073CF9 kuwa cewa kawai take ɗorawa ta gaza, ba ta faɗin dalili, sai a bi matakan da ke sama.

Ka rubuta lambar harafi da harafi kafin ka rufe tagar. Bambancin harafi ɗaya yana iya kai ka ga gyaran abin da lafiyarsa ƙalau.

Mene ne bambancin Repair da Reset? Za su goge min manhajojina?

Ba za su goge ba. A Windows 10, shiga Settings, Apps, Apps & features, Microsoft Store, Advanced options. A Windows 11 yana ƙarƙashin Apps, Installed apps, amma a sababbin sigogi an mayar da shi System, System components. Latsa Terminate tukuna don ya rufe sarai. Repair yana duba fayilolin shagon ya gyara ba tare da taɓa bayananka ba. Reset yana share bayanan shagon kansa, saboda haka sai ka sake shiga asusu ka sake saita zaɓinka, kamar na sabunta manhajoji kai tsaye. A gwada Repair, in bai yi ba a yi Reset.

Hattara ɗaya: wannan maganar shagon ce. Reset a kan wata manhaja daban yana share bayanan da ta ajiye a kwamfutar.

Shagon ma babu shi sam. Na nema ban gani ba.

Abu uku ke kawo haka. Ko an cire shi da irin umarnin nan na rage nauyin Windows, ko an ɗora maka Windows ɗin da wani ya yi wa aski aka raɗa masa Lite ko makamancin haka, ko kuma sigar LTSC ce, wadda Microsoft ke yi don na'urorin kamfanoni kuma ba ta zuwa da shago tun asali. Rubuta winver a Windows da R za ka ga wadda kake da ita.

Gwada wsreset -i a Command Prompt na administrator, kana haɗe da intanet. Ba zai nuna maka komai ba, a bayan fage yake aiki. Ba shi kamar minti biyar zuwa goma ka sake nema a Start.

Idan fayilolin shagon suna nan, rajistarsa ce kawai ta ɓace, buɗe PowerShell, tagar rubuta umarni irin Command Prompt, a matsayin administrator ka saka wannan a layi ɗaya:

Get-AppxPackage -AllUsers Microsoft.WindowsStore | ForEach {Add-AppxPackage -DisableDevelopmentMode -Register "$($_.InstallLocation)\AppXManifest.xml"}

Jan rubutu mai lambar 0x80073D02 yana nufin shagon a buɗe yake. Idan kuwa umarnin ya wuce shiru kuma shagon bai dawo ba, fayilolin ne babu. Za ka ci karo da wani umarni mai kama da wannan wanda babu kalmar Microsoft.WindowsStore a cikinsa. Wancan yana sake rajistar duk manhajojin kwamfutar ne, yakan cika allo da jan rubutu, ba ma ba da shawararsa.

Game da Windows mai aski, ra'ayinmu a fili yake: wanda ya cire shagon yakan cire abubuwan da shagon ke tsaye a kansu, kuma ba ka san abin da ya ƙara ba. Ɗora na asali daga shafin Microsoft ya fi a yi ta faci.

Laftof ɗin ta tokumbo ce. Shagon ya ce an toshe shi, in tuntuɓi mai kula da kwamfutocin ma'aikata.

Lambarsa 0x800704EC. Kwamfutar ta fito ne daga wani kamfani ko makaranta, kuma dokarsu na nan a cikinta. Duba Settings, Accounts, Access work or school. Idan akwai asusun wata ma'aikata a wurin, ita ke ba da umarni. A sigogin Enterprise da Education akwai doka a gpedit.msc, ƙarƙashin Computer Configuration, Administrative Templates, Windows Components, Store, mai suna Turn off the Store application. A mayar da ita Not configured.

Idan bayan an ɗora sabon Windows kwamfutar ta sake nuna sunan kamfanin tana neman a shiga da asusunsu, an yi mata rajista ne a tsarinsu ta lambobin jikinta. Kamfanin ne kaɗai zai iya cire ta daga rajistar. Mayar wa wanda ya sayar maka ya canza. Idan kuma kwamfutar ofishinku ce aka ba ka, toshewar da gangan ce, sashen kwamfuta na ofishin za ka nema.

Kwamfutata ba ta karɓar manhaja sai daga shagon, shagon kuma ya ƙi aiki.

Tana cikin S mode, wato yanayin Windows da aka kulle a kan manhajojin shagon kaɗai. Fita daga cikinsa kyauta ne, amma ba a komawa, kuma abin takaicin ta cikin shagon ake fita: Settings, System, Activation a Windows 11, ko Update & Security, Activation a Windows 10. Tunda S mode ba ya barin a buɗe Command Prompt da PowerShell, abin da ke hannunka shi ne agogo, proxy, Repair, Reset da Windows Update. Mafi yawan lokaci sabuntawar da aka daɗe ba a yi ba ce, musamman a laftof ɗin da ta yi shekaru a kwali.

Sarari nawa ya kamata in bari?

Ƙananan laftof masu ma'ajiyar gigabait 32 ko 64 su suka fi shan wannan wahala. Ana buƙatar wurin ajiye abin da aka sauke da kuma wurin warware shi, don haka girman manhajar kaɗai bai isa ba. Ka yi ƙoƙari kada faifan C ya gaza gigabait 10 a sake. Settings, System, Storage, Temporary files zai nuna abin da za a iya sharewa, har da tsohon Windows da ke cikin Windows.old. Kula da akwatin Downloads a jerin, kada ka yi masa alama sai ka san abin da ke ciki.

A saitin Storage ɗin akwai inda ake zaɓar wurin ajiye sababbin manhajoji. Idan an taɓa zaɓar katin memori ko faifan waje, aka cire shi daga baya, ɗorawa za ta riƙa gazawa. Mayar da shi kan C.

Abokina yana ganin wata manhaja a shagonsa, ni ba na ganinta. Wata kuma kuɗin ya ƙi fita.

Shagon yana bin ƙasar da aka zaɓa a Country or region, ƙarƙashin Time & language. Masu manhaja su ke zaɓar ƙasashen da za a gan ta. Ga manhajar kyauta, canza ƙasar kan sa ta bayyana. Ga ta kuɗi, ƙasar shagon da adireshin katin da ke asusunka sai sun dace, kuma kuɗin katin kyauta na wata ƙasa ba ya aiki a shagon wata. Sannan ka tambayi bankinka ko katinka na naira ko na sefa yana biya a ƙasashen waje, da iyakar da aka sa masa.

Asusu ɗaya kuma na'urori 10 kawai yake ɗauka a shagon. Wanda ya yi ta shiga da asusunsa a kwamfutocin mutane zai kai iyakar. A shafin account.microsoft.com, sashen Devices, ake cire tsofaffin.

Windows 10 ya daina samun tallafi. Shi ya sa shagon ya mutu?

A'a. Tallafin kyauta na Windows 10 ya ƙare ranar 14 ga Oktoba, 2025, amma shagon bai rufe da ƙarewarsa ba. Abin dubawa shi ne sigar: ta ƙarshe ita ce 22H2, kuma wanda ke kan tsohuwa sosai zai ga manhajoji da yawa sun ƙi shi. Windows 8.1 tallafinsa ya ƙare tun 10 ga Janairu, 2023, kada a ɓata lokaci a kan shagonsa. Manhajojin Android da ake ɗorawa a Windows 11 ta Amazon Appstore su ma an daina tallafa musu ranar 5 ga Maris, 2025, rashin ganinsu ba lalacewa ba ce.

Na ga ana cewa a ƙwace ikon foldar WindowsApps.

Kada ka yi. C:\Program Files\WindowsApps a kulle take da gangan, kuma canza izininta kan sa duk manhajojin shagon su daina buɗewa, har da Calculator da Photos. Mayar da izinin yadda yake ya fi gyaran matsalar farko wuya.

Ina buƙatar manhajar yanzu, ba ni da lokacin gyara.

Akwai winget, umarnin sauke manhajoji na Windows. Buɗe Command Prompt ka rubuta winget search da sunan manhajar, sannan winget install da sunan da ya nuna a ƙarƙashin Id. Yawancin abin da winget ke ɗaukowa daga shafin masu manhajar yake fitowa, bai jira fuskar shagon ta buɗe ba. Ko kuma ka je shafin kamfanin kai tsaye, Chrome, Firefox, VLC da Zoom duk ana samunsu haka. Ka guji shafukan da ke tara manhajojin mutane suna rabawa.

Na gwada duk wannan. Fomat ɗin ne ya rage?

Da saura. Ƙirƙiri sabon mai amfani a Settings, Accounts, Other users, ka shiga da shi ka buɗe shagon. Idan ya yi aiki a can, Windows lafiya yake, tsohon asusun ne ya samu matsala, sai ka kwashe fayilolinka zuwa sabon.

Idan ya ƙi a can ma, a Command Prompt na administrator ka fara da DISM /Online /Cleanup-Image /RestoreHealth, umarnin gyara fayilolin Windows, kana haɗe da intanet da caja. Yakan daɗe a wajen kashi 62 kamar ya sandare, bar shi. Ya gama, sai sfc /scannow. Wannan jerin ya fi, domin sfc daga ma'ajiyar da DISM ya gyara yake ɗauko fayiloli masu lafiya.

Mataki na ƙarshe kafin fomat shi ne ɗora Windows a kan Windows. A sababbin sigogin Windows 11, System, Recovery, akwai Fix problems using Windows Update, latsa Reinstall now. Inda babu shi, sauke fayil ɗin ISO, wato fayil ɗin ɗora Windows, daga shafin Microsoft, ya haura gigabait 5, ka danna shi sau biyu, ka buɗe setup.exe daga cikin Windows ɗin da ke aiki, ka zaɓi Keep personal files and apps. Idan zaɓin a dushe yake ba ya latsuwa, harshen ISO ɗin ko sigarsa bai dace da wanda ke kan kwamfutar ba, an fi samun haka tsakanin Turancin Amurka da na Ingila. Kwafe muhimman fayilolinka a wani wuri kafin ka fara, ka kuma tabbatar batir a cike yake ko wutar da kake kai ba mai yankewa ba ce, domin aikin kan ɗauki awa ɗaya zuwa biyu.